Labarin Agogon Motar Jama'a

Jama'ar zango, tun ran da motarmu ta kwana a daji tsakanin Ejura da Mampong maganganu su ke ta yawo, a bakin shaguna, da wajen masu koko, har cikin gidajen biki. Waɗansu sun ce direba ne ya yi sakaci, waɗansu kuwa sun ce mu 'yan kwamiti mun cinye kuɗin gyara. Duk mun ji, ba mu tanka ba, domin ba mu so mu buɗe baki sai mun san abin da ya faru tabbas. To, yanzu mun sani, shi ya sa muka roƙi fili a cikin wannan takarda mu bayyana muku. Kuɗin gyara dai ba wanda ya ci ko kwabo, amma mun zubar da wani abu daga ciki a kan wauta, za ku kuwa ji yadda aka yi. Shi kuma direba, cikinmu duka ba wanda ya kai shi gaskiya a wannan al'amari.

Ba sai mun gaya muku ko wace mota ce ba, tun da ya ke da guminku aka saye ta. Masu goro sun zuba, mahauta sun zuba, mata masu wake da shinkafa ma ba a bar su a baya ba. Tsohuwar bas ce mai shan dizal, wadda ta gama aikinta a Turai kafin ta zo hannunmu, an kuwa ƙera ta tun kafin a fara sa wa motoci kwamfuta. Ita ke kai marar lafiya asibiti da tsakar dare, ita ke kai mu ɗaurin aure da gaisuwar mutuwa, ita ce kuma ke ɗaukar gawa zuwa makabarta.

Duk wanda ya taɓa zama a gaba kusa da direba ya ga manyan agogo biyu a bayan sitiyari. Ɗayan kowa ya san shi, shi ne mai nuna gudun mota. Ɗayan kuwa lambobinsa kaɗan ne, daga 0 zuwa 5, a ƙarƙashinsu an rubuta cewa a ninka da 1,000. Turawa takomita su ke ce da shi, mu dai agogon inji mu ke cewa. Ba ruwansa da tafiyar ƙafafun mota, juyin inji kaɗai ya ke ƙirgawa, watau sau nawa sandar da ke cikin inji ta juya a minti ɗaya. In allura ta tsaya a kan 2, to injin yana juyi 2,000 a minti, ko motar tana tafiya ko tana tsaye. Abin ma ya girmi mota nesa ba kusa ba, gama wani Bajamushe mai suna Dietrich Uhlhorn shi a ke danganta wa ƙirƙiro irinsa na farko a 1817, don auna gudun injunan masana'anta. Mu kuwa, a faɗi gaskiya, ado muka ɗauke shi.

Wajen wata biyu kafin abin ya faru, direba ya zo wurin zaman kwamiti, ya durƙusa ya gaishe mu, ya ce, "Baba, allurar agogon inji tana rawa. In na faɗa rami sai ta zube ƙasa, jim kaɗan ta tashi. Wata rana da safe ma sai in tada mota ta ƙi motsi sam, sai mun yi 'yar tafiya."

Babbanmu ya ce, "Motar tana tashi?"

Ya ce, "Tana tashi, Baba."

"Tana gudu? Birki yana ci?"

"Lafiya lau, Baba."

Babbanmu ya ce, "To, ɗana, rawa ai ba ciwo ba ce. Bar ta ta yi ta rawarta." Muka yi dariya gaba ɗaya, yaro ya tashi ya tafi. Kada wani ya ɗora wa dattijon nan laifi shi kaɗai, duk wanda ke zaune a kan tabarmar nan ran nan ya yi dariyar.

Yaron bai gaji ba, ya sāke zuwa, ya kuma sāke zuwa. Da abin ya ishe mu sai muka ce a sayo wani agogon a huta. Ba mu kai motar an duba ba, don a ganinmu abin a fili ya ke: allura ce ke rawa, allura kuwa a cikin agogo ta ke, ashe ke nan agogo ne ya lalace. Aka tura mutum wajen masu sayar da kayan mota na hannu, ya samo wani wanda aka ciro daga wata mota mai kama da tamu, girmansu ɗaya, fuskarsu kusan ɗaya. Mai kaya bai cuce mu ba, agogo muka ce ya ba mu, agogo kuwa ya ba mu. Aka ɗaura, aka tada inji, allura ta kwanta a kan 0 ko gezau. Muka ce wataƙila sai ta saba da motar. Wani daga cikinmu ma cewa ya yi, ai ko ba komi ta daina rawa. Direba ya yi shiru. Tsohon agogon kuwa ya naɗe shi cikin tsumma ya tura ƙarƙashin kujera, bai yar ba.

Bayan mako uku muka tafi gaisuwar mutuwa Atebubu, ta tsohuwar hanyar goron nan ta Salaga. Ba mu baro can ba sai bayan magariba, mota cike, da tsofaffin mata da mai goyo. Muna wuce Ejura aka fara yayyafi. Direba ya kunna manyan fitilu da abin share gilashi. Ba mu yi nisa ba sai muka ga hasken fitila ya koma ja-ja kamar na aci-bal-bal, abin share gilashi yana jan jiki kamar wanda bai ci abinci ba. Can sai inji ya ɗauke ɗif. Direba ya lallaɓa ya gangara gefen hanya, ya murɗa makulli, ko ƙyas. Nan muka kwana, ruwa na zuba, sauro na cizo, yara na kuka.

Da gari ya waye wani mai lore ɗauke da doya ya ji tausayinmu, ya koma da direba Ejura aka samo aron batir. Aka ɗaura, mota ta tashi kamar ba ita ba, muka kamo hanya. Amma kafin mu iso Kumashi rana ta take. A cikin daren nan kuwa aka yi rashin dattijon nan da kuka sani, wanda ya ke cikin mutanen farko da suka zuba kuɗin sayen motar. Aka nemi mota ba mota, sai a bayan wata akori-kura ta haya aka kai shi. Wannan shi ne abin da ya fi ci mana rai, ba kwanan daji ba. Mun je mun ba iyalinsa haƙuri, muna kuma ƙara ba su a nan gaban jama'a.

Kashegari muka yi abin da ya kamata mu yi tun fari, muka kai motar Magazin ta Suame, wurin wani tsohon mai gyaran waya wanda kowa ke kira Masta. Mu uku muka raka direba. Abin da ya ba mu mamaki, Masta bai taɓa motar ba sai da ya zaunar da yaron ya yi masa tambayoyi. Yaushe allura ta fara rawa? A kan rami ko a kan sumul? Da sanyin safiya ko in inji ya yi zafi? Sa'an nan ya ce, "Yaro, in ka murɗa makulli kafin inji ya tashi, jar fitilar nan mai hoton batir tana kamawa?" Direba ya yi tunani ya ce, "Masta, dā kullum tana kamawa. Kwanan nan kuwa wata rana ta kama, wata rana ba ta kama ba." Masta ya dube mu ya ce, "Alhazai, wannan agogon da ke ciki na motar fetur ne. Ina na ainihin?" Yaro ya jawo shi daga ƙarƙashin kujera.

A nan ne ya yi mana karatun da mu ke so mu isar muku, don akwai masu motoci da yawa a zangon nan.

Ya ce agogon inji ba shi da ido a cikin inji, labari a ke kawo masa ta waya, shi kuma ya ƙirga. A tsohuwar motar fetur, daga kwayil a ke ɗauko labarin, watau abin nan da ke ba fulogi wuta. Ko wane tartsatsi ɗaya, agogo ya ƙirga ɗaya. Inji mai silinda 4 yana yin tartsatsi 2 a ko wane juyi, mai silinda 6 kuwa 3. To, injin dizal ba shi da kwayil ba shi da fulogi mai tartsatsi, matsa iska ya ke yi har ta yi zafi ta kunna mai. Saboda haka a irin motarmu sai aka nemi labarin a wani wuri, aka same shi a jikin altaneta, abin nan da ke cika batir, wanda tsofaffinmu har yanzu su ke kira dainamo. Ba su yi laifi ba, dainamo ne a motoci tun can dā, sai daga 1960 aka fara fito da motocin gida da altaneta a Amurka, sauran ƙasashe suka bi.

Ya haska mana bayan altaneta da tocila, muka ga wayoyi uku, ko wace da harafinta a jikin ƙarfe. Mai kauri B+, ita ke kai wuta batir. Siririya D+, ita ke zuwa jar fitila. Ta uku W, ita ce ta agogo. Ya ce wutar da altaneta ke haifarwa a cikinta mai kai da komowa ce, sai ta bi ta waɗansu 'yan ƙofofi da a ke kira dayod su miƙar da ita, don batir ba ya shan sai miƙaƙƙiya. Wayar W kuwa tun kafin ƙofofin nan ta ke ɗibar tata, tana kai da komowarta, wannan kai da komowa shi agogo ke ƙirgawa. A yawancin altaneta sau 6 wutar ke kai da komowa a ko wane juyi. In kuma fulin inji ya ninka na altaneta biyu, inji yana silo a kan 800, altaneta tana juyi 1,600, agogo yana samun bugu 9,600 a minti. Motar fetur mai silinda 4 kuwa a kan 800 ɗin nan bugu 1,600 kaɗai ta ke aikawa. Ya ce, "Kun gani, ko da agogon da kuka sayo ya yarda ya motsa, 4,800 zai nuna muku mota tana tsaye. Ba harshensu ɗaya ba." Ma'ajinmu ya sunkuyar da kai.

Sa'an nan ya kama aiki, ya kuwa fara daga abin da ba ya cin kuɗi. Ya danna fambel da babban yatsa, ya lotsa kamar santimita 1, ya ce wannan lafiya. Ya ce da ya yi sako-sako, ko mai ya jiƙa shi, sai ya riƙa zamewa a kan fuli, musamman in an kunna fitilu ko an shiga ruwa, ka ji ƙara tsiii, allura kuma ta nuna ƙasa da gaskiya. Ya murɗa makulli bai tada inji ba: fitilar mai ta kama, ta batir ba ta kama ba. Ya cire siririyar wayar D+ ya taɓa ta a jikin inji, nan da nan jar fitila ta haska. Ya ce to, ƙwan fitila lafiya, wayarsa lafiya, ciwon yana cikin altaneta.

Ya mayar da waya, ya ɗauko mita ya ɗora a kan batir. Cikakken batir in mota tana kashe wajen volt 12.6 ya kan nuna, in inji ya tashi kuma altaneta tana aiki sai ya hau tsakanin 13.8 da 14.4. Namu da aka tada inji ko 12.5 bai kai ba, yana ma ƙara sauka. Sai Masta ya ɗauki sifana ya ɗan ƙwanƙwasa bayan altaneta. Muna kallo lambar mita ta yi tsalle ta kai 14, ta ɗan jima, ta sāke faɗuwa. Ya yi murmushi ya ce wa direba, "Ga rawar allurarka nan."

Wani yaronsa sabon shiga ya ce bari ya cire kan batir inji na tafiya, in mota ta mutu an san altaneta ce. Masta ya daka masa tsawa. Ya ce wannan gwajin na zamanin dainamo ne, a altaneta yana iya ƙona dayod, a sababbin motoci kuwa har kwamfuta ya kan tafi da ita. Mun ga ana yin haka a bakin hanya ba sau ɗaya ba ba sau biyu ba, ku hana a yi wa motocinku.

Ya kashe inji, ya fara cire kan batir na baƙar waya tukuna, sa'an nan ya kwance sukurori biyu a bayan altaneta, ya zaro wani ɗan abu wanda bai kai tafin hannun yaro ba. A jikinsa akwai 'yan sandunan kabon guda biyu, ko wane da sifirin a bayansa yana tura shi ya goga a kan zoben tagulla da ke juyawa a ciki. Ta nan wuta ke shiga ta yi maganaɗisun da altaneta ke aiki da shi. Kabon ɗin cinyewa ya ke yi a hankali, in ya gaza milimita 5 ya ƙare. Namu ɗaya ya kusa shafewa, ɗayan ma bai fi shi da yawa ba. Watau wani lokaci su taɓa zobe, wani lokaci su sake shi. In sun taɓa, altaneta ta ba da wuta, allura ta tashi. In mota ta faɗa rami sun sake, wuta ta ɗauke, allura ta zube. Ashe duk rawar nan da muka yi wa dariya, allura gaya mana ta ke yi batir ba ya samun abinci.

Muka ce, to don me jar fitila ba ta yi mana gargaɗi ba, ba aikinta ke nan ba? Masta ya ce a nan ne mutane da yawa su ke faɗawa. Ita jar fitilar, a irin wannan altaneta, ta cikin kabon ɗin nan wutarta ke bi ta cika zagayenta. In kabon ya sake zobe, hanyarta ta yanke, ba ta iya kamawa. Watau ciwon da ya kamata ta ba da labarinsa shi ne ya toshe mata baki. Mutum kuwa in ya ga jar fitila ba ta kama ba murna ya ke yi, ba ya cewa me ya hana ta. Saura mai ba da labari guda ɗaya tak a motar, shi ne agogon, mu kuma muka sa aka cire shi da kuɗinku.

Ya kuma warware mana abin da ya ɗaure mana kai a daren nan, don mun sha jin ana cewa dizal in ya tashi ba ruwansa da batir. Ya ce kusan haka ne, amma a kan famfon mai akwai wani ɗan makulli da wuta ke riƙe shi a buɗe, shi ne ke rufe mai in an kashe mota. Da rana abin da ya ke sha kaɗan ne, batir ya kan daɗe yana ɗauke da shi, shi ya sa muka yi makonni muna yawo cikin gari ba mu sani ba, shi ya sa kuma batirin aro ya kawo mu gida. Amma da aka haɗa masa manyan fitilu da abin share gilashi, batir ya tsiyaye, ɗan makullin ya saki, mai ya yanke.

Gyaran kansa bai ɗauki sa'a guda ba. Ya goge zoben tagulla, ya sa sabon kabon, aka tada inji, mita ta nuna 14.1 ta tsaya cik. Ya juya mita zuwa ma'aunin wuta mai kai da komowa ya taɓa W, ta nuna wajen volt 7, ya ce haka a ke so. Bakin wayar W ya yi kore da tsatsa, ya kankare shi ya matse. Aka mayar da tsohon agogo, ya duba wayar da ke ba shi wuta da wadda ke haɗa shi da jikin mota, don ya ce sau da yawa rawar allura ba ta wuce sako-sakon wannan ta biyun ba. Aka murɗa makulli, jar fitila ta kama, inji ya tashi, ta mutu, allura ta hau ta tsaya ɗan ƙasa da 1 ba ko girgiza. Bai yarda da ita haka nan ba. Ya kashe inji, ya manna ɗan farin tef a kan fulin inji, aka sāke tayarwa, ya haska shi da wani agogo na hannu mai ƙirga walƙiyar tef ɗin, lissafinsu ya zo ɗaya. Ya ce duk ran da muka sāke altaneta mu lura da girman fulinta, in ya bambanta da na dā agogo zai riƙa ƙari ko ragi, sai an daidaita shi.

Masu tasi da ke cikinmu, Masta ya ce a gaya muku naku dabam ne. In tsohuwar motar fetur ce, a fara duba siririyar wayar da ta fito daga kwayil. In kuwa ta zamani ce, wani ɗan abu ne kusa da sandar inji ke ƙirga haƙoran ƙarfe ya gaya wa kwamfuta, ita kuma ta gaya wa agogo. Tun 1996 doka ta sa motocin da a ke sayarwa a Amurka su zo da wata kafa a ƙarƙashin sitiyari inda a ke soka na'urar bincike, Turai ma ta bi baya. In na'ura ta nuna juyin inji daidai allura kuwa tana kwance, to laifin agogo ne. In inji ya ƙi tashi, na'ura kuma ba ta ga juyi ba ana kik, a tuhumi ɗan abin nan mai ƙirga haƙora.

Saura lissafi. Kabon da ladan Masta gaba ɗaya ba su kai rabin abin da muka ba da wajen agogon fetur ba. Batir ɗinmu kuwa ya sha wahala ƙwarai, an yi masa caji ya ƙi riƙewa, tilas muka sayi sabo, shi ne ya fi cin kuɗi. Takardun duka suna wurin ma'aji, duk mai son gani ya je ya gani. Mun kuma shirya, daga yanzu direba ba sai ya jira zaman kwamiti ba, in ya ga abin da bai gamshe shi ba ya kai motar a duba, ya kawo takarda. Ko wace safiya kuma zai tsaya ya ga jar fitila ta kama kafin ya yi kik.

Agogon fetur ɗin nan kuwa Masta ya gwada shi, ya ce lafiyarsa ƙalau, na silinda 4 ne. Yana nan wurin ma'aji cikin tsummansa. Wanda motarsa ke bukata ya zo a yi ciniki, kuɗin kuwa asusun mota za su koma.